'Yan Ruwa da Madatsar Bakolori: Abin da Ya Sami Labaran Masu Gulbi a Yankin Janbako

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi labaran 'yan ruwa a yankin Janbako, inda ƙasashen Maradun da Talata Mafara da Bakura suke maƙwabtaka a kwarin Gulbin Sakkwato. Ta jera su da labarin 'yar ruwan Zennor ta ƙasar Ingila, don a ga inda suka yi kama da inda suka raba hanya. Abin da take son nunawa shi ne, a wurin mutanen gulbi labarin 'yan ruwa ma'adana ce ta sanin ruwa da ƙa'idar shigarsa, kuma madatsar Bakolori ta raba labarin da wuraren da yake rataye a kansu.

Gabatarwa



Idan ruwa ya ci yaro a garuruwanmu na bakin gulbi, akwai abin da kowa ya san zai biyo baya. Maza su taru a gaɓa, mata su tsaya daga nesa suna salati. Matasa masu iyo su faɗa su lalubo inda aka ga ɓacewarsa. In aka kwana ba a samu ba, sai magana ta sauya. A fara cewa 'yan ruwa ne suka riƙe shi, a aika a kira wanda ya gaji ruwa. Shi kuwa in ya zo ba ya gaggawar tuɓe riga. Zai tambayi lokacin da abin ya faru da inda yaron ya shiga, ya dubi tafiyar ruwa, ya yi 'yan maganganunsa a hankali, sannan ya nuna wani lungu can ƙasa da inda kowa ke nema ya ce a duba nan. Sau da yawa a nan ɗin ake samu.

Masu ilimin boko sukan ce camfi ne, malaman addini sukan ce shirka ce ko ƙofarta. Ni tambayar da ta dame ni daban ce: me wannan mutum ya sani, kuma a cikin wace irin magana aka miƙa masa sanin?

Matar da ke jikin benci a Zennor

Zennor ƙaramin ƙauye ne a gaɓar teku a yankin Konwal, can ƙuryar kudu maso yammacin Ingila. A cocin ƙauyen akwai wani tsohon benci na katako da aka sassaƙa siffar mace a gefensa, daga cibiya zuwa sama mutum, ƙasa kuma wutsiyar kifi, hannu ɗaya riƙe da madubi, ɗayan da matsefi. Masana suna kai shekarun sassaƙar wajen ƙarni na 15. Labarin da ake bayarwa a kanta kuwa sai a 1873 ya shiga takarda, lokacin da William Bottrell ya buga shi cikin tarin labaran gargajiyar yammacin Konwal.

Wai wata kyakkyawar mace mai ado da zaƙin murya takan zo cocin jefi-jefi. Shekaru suna wucewa, ba ta tsufa, ba a kuma san daga ina take ba. Wani saurayi mai suna Mathey Trewella, wanda ya fi kowa murya a garin, ya bi ta wata rana, daga nan ba a sake ganin ko ɗayansu ba. Can daga baya wani jirgin ruwa ya yada zango kusa da wani lungun teku da ake kira Pendour, sai wata 'yar ruwa ta ɓullo ta roƙi matuƙin ya ɗaga ƙarfen da ya jefa don tsayar da jirgi, domin ya danne ƙofar gidanta, ta kasa shiga wurin 'ya'yanta. Da labari ya iso gari, mutane suka ce ai ita ce.

Masu zuwa yawon buɗe ido Zennor sun fi riƙe kashin farko, na kyau da murya da saurayin da ya ɓace. Kashin ƙarshe shi ya fi kusa da namu. Matar tana da gida a ƙarƙashin ruwa, tana da ƙofa da 'ya'ya, kuma baƙo ya shigo ya taka mata haƙƙi bai sani ba. Duk Basarke, wato mai gadon su da sha'anin ruwa, da aka ba wa wannan labari zai gane shi nan take.

Wa ke da ruwan?

A tunanin Bahaushe na dauri ba ruwan da ba shi da mai shi. Mafi shaharar misali yana cikin labarin kafuwar Daura: macijiya a rijiyar Kusugu, wadda ba ta barin a ɗebi ruwa sai ranar Juma'a, har Bayajida ya zo ya kashe ta. A tatsuniyoyi, irin waɗanda Frank Edgar ya buga cikin juzu'i uku tsakanin 1911 da 1913, da yawansu daga lardin Sakkwato aka samo su, Dodo yakan tare mashigi, sai an yi ciniki da shi kafin a ƙetare, kuma cinikin yakan dawo ya ci wanda ya yi alkawari ya manta. A bori akwai Sarkin Rafi, wanda A. J. N. Tremearne ya ambata tun 1914. A yamma da mu, wurin Zabarmawa da Sangai na gaɓar Kwara, akwai Harakwai Dikko, uwar iskokin kogi, wadda masunta suke neman yardarta kafin farautar dorina, kamar yadda Jean Rouch ya ɗauka a fim a farkon shekarun 1950.

A lura, babu ko ɗaya cikin waɗannan da yake rabin mace rabin kifi. 'Yan ruwan da tsofaffinmu suke faɗa al'umma ce sukutum. Suna da gari da sarki da dabbobi, suna aure suna suna. An fi siffanta su da dogon gashi da hasken fata, kuma ba a cika damuwa da ƙafafunsu ba. Abin da aka damu da shi uku ne: ina suke zaune, yaushe suke fitowa, me ke ɓata musu rai.

Amsoshin nan uku su ne gundarin maganata. Suna zaune a gurbi mai zurfi wanda ba ya ƙafewa da rani, ko inda ruwa ke juyawa, ko ƙarƙashin gaɓar da ruwa ya rarake. Suna fitowa da rana tsaka da kuma almuru. Ransu yana ɓaci in an shiga ba sallama, in an yi ƙazanta a mashaya, in an yi su kafin a buɗe ruwa. Wanda ya jera waɗannan zai ga cewa an lissafa masa daidai wuraren da ke kashe mutum da lokutan da babu babba a bakin gulbi: rana tsaka kowa yana inuwa, magariba kowa yana masallaci. Gurbin rani kuma nan ne kifi ke taruwa, tarwaɗa da ƙarfasa da kurungu, nan ne kuma kada ke fakewa. Hana shigarsa sai ranar da aka sa yana ba kifi damar girma, yana kuma sa kowa ya sami rabonsa rana ɗaya, da mai taru da mai ɗan koma.

Inda wannan tsari ya fi fitowa fili shi ne ƙasar Kabi. P. G. Harris ya yi rubutu kan masuntan Kabi a 1942, kuma har yau Kabawa suna riƙe da sunayen gyaran ruwa da fashin ruwa. Bikin Argungu, wanda ake ƙirga farkonsa daga ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu a 1934, wanda kuma UNESCO ta sa cikin jerin al'adun duniya a 2016, ba a faɗa wa kogin Matan Fada sai Sarkin Ruwa ya gama nasa ya ba da izini. Abin da Argungu ta mayar biki, garuruwan kwarin Gulbin Sakkwato sun yi shi a matsayin aikin shekara, ba kalangu ba 'yan jarida.

Ba ina cewa kakanninmu sun zauna sun ƙirƙiri aljanu don su tsorata yara ba ne. Wannan fassara ce ta mai raina mutane. Sun yi imani da abin da suke faɗa, kuma Musulunci bai kore samuwar aljanu ba. Alƙur'ani ya ambaci masu nutso a teku cikin waɗanda aka hore wa Annabi Sulaiman. Abin da malamai suka yaƙa shi ne yanka da roƙo. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi shekaru kusan biyar yana wa'azi a ƙasar Zamfara a ƙarshen ƙarni na 18, ya zauna a Faru, kuma a Nurul Albabi ya yi suka mai zafi ga masu yanka wa itatuwa da duwatsu. Yankan ya ja baya ko ya ɓuya. Sanin wuri da lokaci ya zauna daram, domin ba wanda ya taɓa cewa haramun ne a gaya wa yaro kada ya shiga gurbi kaza.

Daga ina wutsiyar kifi ta shigo?

In aka ba ɗalibin firamare a Mafara takarda yau aka ce ya zana 'yar ruwa, abin da zai zana ya fi kama da na bencin Zennor fiye da abin da kakarsa ta sani. Hanyoyin da siffar ta biyo ba ɗaya ba ne.

Akwai ta littattafan Larabci. Alƙazwini, wanda ya rasu a 1283, da Addamiri mai Hayatul Hayawan, wanda ya rasu a 1405, duk sun kawo bayanin mutumin ruwa, kuma a Dare Dubu da Ɗaya akwai labarin Abdullahi masunci da Abdullahi na cikin teku. Wannan hanya ta tsaya a zauren malamai.

Wadda ta fi tasiri ta kudu ce, wato Mamiwata. Henry Drewal ya bi sawun hoton da aka fi saninta da shi, mace mai tulin gashi da maciji a wuya, ya gano cewa a birnin Hambag na Jamus aka fara buga shi a shekarun 1880, hoton wata mai wasa da maciji ce. Wani kamfanin kalanda a Bombai ya sake buga shi da yawa a 1955, 'yan kasuwa suka watsa shi a Afirka ta Yamma. Daga baya aka haɗa shi da siffar mai wutsiya ta Turawa. 'Yan ci-rani da direbobi da sojoji suka hauro da labarin, finafinan kudu da zanen yara na talabijin suka ƙarasa aikin, yanzu kuma ga bidiyoyin bogi a waya, ana turawa ana cewa an kama ta a wani dam.

Sai kuma ayu. Dabba ce ta gaske, tana rayuwa a Kwara da Binuwai, tana da nono a ƙarƙashin hannuwanta, tana ɗago kai ta shaƙi iska ta koma. Danginta ne Kolumbas ya hango a Janairun 1493 ya ɗauka 'yan ruwa ne. Mu a nan tudu mun fi saninta a kwalba: man ayu, wanda masu kayan mata ke sayarwa a 'yan ƙananan kwalabe a kowace babbar kasuwa, mai saye ba shi da yadda zai tantance na gaske da jabu.

Abin lura shi ne da siffa ta sauya, ma'anar ma ta sauya. 'Yan ruwan dā maƙwabta ne, ana zama da su da ladabi. Mamiwata kuwa mai ba da kuɗi ce bisa sharaɗi, ta hana ka aure ko haihuwa, ta karɓe abinta in ka saɓa. Labarinta na arzikin dare ɗaya ne da zargin wanda ya yi shi. Ba ta da gurbi, don haka ko'ina tana iya zuwa. A Dogon Dutsi ta Nijar, Adeline Masquelier ta tarar da ita ta bar ruwa ta hau kwalta, ana danganta ta da haɗarin mota. Irin wannan labari ba ya gaya wa yaro inda zai sa ƙafa.

Bakolori

Gulbin Sakkwato yana tasowa daga wajen Funtuwa, ya ratsa Gusau, ya biyo ta ƙasar Maradun da Bakura kafin ya haɗu da Rima kusa da Sakkwato. Kafin 1974 gulbi ne mai numfashi da shekara. Da damina ya cika ya malala cikin fadama, ya bar laka da danshi, a yi shinkafa, a bi da albasa da rogo da dankali. Da rani ya janye ya bar yashi da gurabe. Kowane gurbi da sunansa, da labarinsa, da gidan da ke da magana a kansa.

A 1974 aka fara gina madatsar Bakolori, kamfanin Impresit na Italiya ne ya yi aikin. An gama a 1978, tafkin ya cika a 1981. Yana ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 450, ya shafe kimanin hekta 8,000, ya miƙa kilomita 19 zuwa sama. An tashi dubban mutane, har da garin Maradun, aka kai su sabon matsuguni a tudu. Rikicin diyya da gonaki ya kai ga abin da ya faru ranar 28 ga Afrilu, 1980, zamanin Shugaba Shehu Shagari, lokacin da 'yan sandan kwantar da tarzoma suka buɗe wa manoma wuta. Gwamnati ta ce waɗanda suka mutu ba su kai 30 ba, manoma da masu bincike suka ce ɗaruruwa ne. Björn Beckman ya rubuta tarihin wannan fito-na-fito, William Adams kuma ya auna abin da ya sami na ƙasa da madatsa: ambaliyar shekara ta ragu, masu shinkafa suka koma gero da dawa, kamun kifi ya faɗi, masunta da yawa suka bar sana'ar ko suka bar gari.

Duk wannan an rubuta shi, an kuma yi muhawara a kansa. Abin da ban ga an ba shi haƙƙinsa ba shi ne asarar sani. A sama da madatsa, guraben da aka sani da suna sun nutse ƙarƙashin ruwa ɗaya shimfiɗaɗɗe, tare da kufai da kututturan itatuwa da tsofaffin rijiyoyi. Dattijon da ya san gulbi kamar tafin hannunsa ya wayi gari baƙo a bakin tafkin da ya haɗiye gonarsa. A ƙasa da madatsa kuma, ruwa ya daina bin wata da tauraro, ya koma bin jadawalin ofis. Yana iya ƙaruwa da tsakar rani ba hadari ba iska, don an buɗe ƙofa. Sannan ga sabon ruwa da kakanni ba su taɓa gani ba, wato manyan magudanan siminti da suka ratsa gonakin Mafara da Bakura. Gefensu a karkace yake, gansakuka ta sa shi santsi, ruwan yana tafiya da ƙarfin da ido ba ya nunawa, kuma a wasu wurare yana shigewa ƙarƙashin hanya ta bututu. Nan yara ke wanka, nan mata ke wanki, nan ake shayar da dabbobi, nan kuma ake ɗaukar tsargiya. Bahaushe ya ce iya ruwa fid da kai, amma wanda ya faɗa irin wannan magudana, ko ya iya iyo, abin kamawa ne ba shi da shi.

Wannan ruwa ba shi da Sarkin Ruwa. Mai iko da shi ma'aikaci ne mai riƙe da mabuɗi, wanda za a iya yi wa canjin wurin aiki gobe. Ba a yi masa gyaran ruwa, ba a fasa shi, ba gidan da ya gaje shi. Labarin 'yan ruwa bai mutu ba, ana nan ana yinsa a kan tafki da magudana, sai dai ya zama na gama-gari: akwai wani abu a dam. Da can cewa ake yi kada ka wuce dutse kaza bayan azahar. Na farkon tsoro kawai yake sawa, na biyun shi ke tsare rai.

Abu biyu suka ƙara tsinka zaren. Ƙungiyar Izala, wadda aka kafa a Jos a 1978, shekarar da aka gama madatsar, ta tsananta wa'azi kan duk abin da ke da warin tsafi. Sannan shari'ar da Gwamna Ahmad Sani Yariman Bakura ya ƙaddamar a Oktoban 1999 ta sa masu bori da masu tsofaffin al'adun ruwa suka ƙara noƙewa. Ba kuka nake yi da barin yanka ba. Abin da nake cewa shi ne mai gadon ruwa da ya ji kunyar a kira shi matsafi, sai ya yi shiru da duka, har da sanin da ba ruwansa da tsafi, ɗansa kuma ya tafi acaba.

A nan ne bambanci da Zennor ya fito. Labarinsu yana jikin katako da takarda, ya rabu da aikin teku tuntuni, ya zama abin nuna wa baƙi, don haka ba abin da zai same shi. Namu yana jikin wuri da sarauta, yana aiki, shi ya sa da wurin ya nutse ya tafi da rabinsa.

Inda labarin ke zama mafaka

Kada a ɗauka ina wanke labarin ne gaba ɗaya. In ya rabu da sanin wuri, yakan zama bargon rufe sakaci. A Mayun 2021 jirgin ruwa ya kife kusa da Warra a Jihar Kebbi, mutane fiye da 100 suka salwanta. A Satumban 2024 wani ya kife da manoma a Gummi, nan Zamfara. A irin waɗannan haɗurra abin da bincike ke nunawa a bayyane yake: lodi fiye da kima, tsohon jirgi, rashin rigar kariya, kututture a ƙarƙashin ruwa. Amma da wuya a rasa mai cewa ruwan ne ya nemi jini a shekarar. Basarken dā da ya ce ruwa yana da masu shi, shi ne kuma zai hana ka ɗora buhu na goma sha ɗaya a jirgin buhu goma. Wanda ya riƙe rabin farko ya saki na biyun bai gaji kowa ba.

Aikin da nake ba da shawara ƙarami ne, kuma lokacinsa yana ƙurewa. Wanda yake ɗan shekara 20 a 1978 yanzu ya doshi 70. Shi da tsaransa su ne na ƙarshe da suka yi su a guraben da ke ƙarƙashin tafki. Rashin tsaro ya sa baƙon mai bincike ba zai iya yawo a ƙauyukan Janbako yadda yake so ba, amma 'ya'yan yankin suna karatu a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Abdu Gusau da Jami'ar Jihar Zamfara, duka a Talata Mafara, kuma suna komawa gida hutu da waya a aljihu. A tura su wurin kakanninsu, maza da mata, domin mata sun fi sanin mashaya da wurin wanki. Kada su tambaya ko 'yan ruwa gaskiya ne, don wannan tambaya ce ke rufe bakin tsoho. Su tambayi sunan gurbi, da inda yake daga wane gari, da watan da ake buɗe shi, da gidan da ke ba da izini, da wanda ruwa ya taɓa ci a wurin. Sannan a nemo taswirori da hotunan sama da aka yi amfani da su wajen tsara madatsar, a ɗora sunayen a kansu, a ba masunta da masu jiragen da ke aiki a tafkin yau kwafi.